Ƙaramin mai hannun jari yana da ta cewa a kamfani kuwa?

Malam Sabi'u:
Assalamu alaikum jama'ar wannan zaure. Lokacin tarukan shekara na kamfanoni ya kama, takardun gayyata sun fara fitowa a jaridu da imel. Abin da nake so mu tattauna shi ne, mutumin da ke da hannun jari dubu goma ko dubu hamsin a kamfanin da ke da biliyoyi, wace hanya doka ta ba shi ta taka wa daraktoci birki? Da yawan mutanenmu sun ɗauka abin da ke tsakaninsu da kamfani shi ne alat ɗin riba kawai. Muna da lauyoyi da akantoci da dillalai a nan. A warware mana, da kwanaki da alƙaluma.

Alhaji Ɗanjuma:
Wa alaikumus salam. Malam Sabi'u, kada mu ruɗi kanmu. Dokar kamfanoni ta CAMA ta 2020 ta ce hannun jari ɗaya, ƙuri'a ɗaya. To, kamfanin da uwar kamfani ke riƙe da fiye da kashi 80 cikin ɗari, irin Dangote Cement, an gama zaɓe tun ba a buɗe ƙofar ɗakin taro ba. Ƙarami zai karɓi makirufo, ya yi magana ta minti biyu, shugaban taro ya gode masa, a wuce. Ikon da ya rage masa shi ne ya kira dillalinsa ya ce a sayar.

Barista Nafi'u:
Alhaji, rabin maganarka gaskiya ce. Inda mutum ɗaya ya haura kashi 75, kusan babu ƙudurin da ba zai wuce da shi ba, sai a wasu wurare da zan zo kansu. Amma ba duk kamfanonin da ke kasuwar hannayen jari ta Najeriya, wato NGX, ne haka ba, musamman bankuna, jarinsu a warwatse yake.

Kuskuren da aka fi yi shi ne a ɗauka ana auna rinjaye da jimillar hannayen jarin kamfani. Da ƙuri'un da aka kaɗa a ranar ake aunawa. Ƙuduri iri biyu ne. Na yau da kullum, kamar zaɓen darakta ko amincewa da riba, fiye da rabi yake buƙata. Na musamman, kamar sauya kundin dokokin kamfani, sauya suna, rage jari, ko mayar da kamfanin jama'a ya koma na 'yan kaɗan, sai da kashi uku cikin huɗu.

Mu ƙaddara kamfani na da hannun jari biliyan 1, babba yana riƙe da miliyan 600. Kashi 60 ke nan, bai kai 75 ba. Ranar taro, cikin miliyan 400 na sauran jama'a, miliyan 100 kaɗai suka kaɗa, kuma duk suka ce ba su yarda ba. An kaɗa miliyan 700, shi yana da 600, ya samu kusan kashi 86, ƙuduri ya wuce. Da a ce miliyan 201 ne suka ƙi, jimilla ta zama 801, rabonsa ya faɗo ƙasa da 75, ƙuduri ya mutu. Wato waɗanda suka zauna a gida su ne suka cika masa abin da bai mallaka ba.

Hajiya Turai:
Allah ya ƙara basira, Barista. Kuma ba sai mutum ya biya kuɗin jirgi zuwa Legas ba. Akwai takardar wakilci, tana can ƙarshen rahoton shekara, ana kuma sauke ta a shafin kamfani ko na rajistara, wato kamfanin da ke riƙe da rajistar sunayen masu hannun jari. Bari in bi ta da ku, domin a nan ƙuri'u ke lalacewa.

A sama akwai gurbin sunanka, sai gurbin sunan wanda ka wakilta. Yawanci an riga an buga cewa in ba ka rubuta kowa ba, shugaban taro ne wakilinka. A gefe akwai jerin ƙudurori, kowanne da akwatin amincewa da na ƙi, wasu har da na ƙauracewa. Mutum sai ya sa hannu a ƙasa kawai ya aika, bai cike akwati ko ɗaya ba. Ya miƙa wa shugaban hukumar daraktoci ƙuri'arsa ke nan, ya yi yadda ya ga dama da ita, har a kan batun alawus ɗin daraktocin. Sai ka bi ƙuduri ɗaya bayan ɗaya ka yi alama.

Dole takardar ta isa ofishin rajistara aƙalla awa 48 kafin taro. In taro Alhamis ne ƙarfe 10 na safe, ƙarfe 10 na safiyar Talata an rufe. Ana buƙatar hatimin harajin takardu a kanta, kodayake kamfanoni da dama suna ɗaukar wannan nauyi ga waɗanda suka iso kan lokaci, za ka ga an rubuta a bayanan da ke ƙasan sanarwa. Sunan da ka rubuta ya yi daidai da na rajista. Wanda ya sayi jari da Muhammadu Sani ya zo ya rubuta Mohammed Sanni, ana iya ajiye takardarsa gefe. Wakilin kuma ba lallai ya kasance mai hannun jari a kamfanin ba.

Tun 2023 doka ta halatta wa kamfanonin jama'a yin taro ta intanet. Wanda imel ɗinsa da lambar wayarsa ba sa wurin rajistara, hanyar shiga ba za ta same shi ba.

Malama Hadiza Akanta:
Akwai wuri ɗaya da doka ta daidaita mai dubu goma da mai biliyan, kuma mutane ba su cika sani ba. Kwamitin binciken kuɗi na kamfanin jama'a mutum biyar ne: uku daga masu hannun jari, biyu daga daraktocin da ba sa cikin gudanarwar yau da kullum. A tsohuwar doka ta 1990 uku da uku ne, yanzu masu jari sun fi yawa. Zaɓen waɗannan ukun da ɗaga hannu ake yi, kuma doka ta hana a nemi a koma ƙirga yawan jari a kansa. Kawuna ake ƙirgawa.

Kowane mai hannun jari na iya tsayar da wani mai hannun jari, ta hanyar rubuta wa sakataren kamfani aƙalla kwana 21 kafin taro. Sharaɗi shi ne ɗan takara ya iya karanta bayanan kuɗi, kuma cikin biyar ɗin a samu aƙalla ɗaya ɗan ƙungiyar ƙwararrun akantoci da doka ta kafa, irin ICAN ko ANAN. Ba a biyansu albashi. Aikinsu su zauna da masu binciken kuɗi na waje, su ga wasiƙar da suka rubuta wa manajoji kan kurakuran da suka gano da amsar da aka ba su, su kuma ba da shawara kan naɗa masu binciken ko sauke su. Waccan wasiƙa ba a buga ta a rahoton shekara. A cikinta ake ganin inda rufi ke yoyo.

Alhaji Ɗanjuma:
Malama, a takarda haka ne. A aikace fa? Fuskoki ɗaya ne ke zagaya kwamitocin kamfanoni shekara da shekaru. Ana cika ɗaki da 'yan amshin Shata, a raba lema da jaka, hannaye su tashi. Har SEC, hukumar da ke sa ido kan kasuwar hannayen jari, ta taɓa fito da daftarin ƙa'ida a 2019 na hana rabon kyaututtuka da ganawar share fage da zaɓaɓɓun masu jari kafin taro. Da abin ba ya faruwa, me zai sa ta yi?

Malama Hadiza Akanta:
Ban musa ba, Alhaji. Amma ka lura, abin da ya sa ake wahalar cika ɗaki shi ne kujerun ukun suna da amfani. Kuma tunda kawuna ake ƙirgawa, mutum sittin da suka haɗa kai daga Kano ko Kaduna suka shiga taro kan lokaci za su iya ɗora akanta mai gaskiya. Abin da ke kayar da su shi ne kwana 21 ɗin nan. Sanarwar taro ita ma kwana 21 doka ta ce a bayar, saboda haka wanda ya jira sai ya ga sanarwa, ranar da ya gani wataƙila ita ce ranar rufewa. Ba a fafe gora ranar tafiya. A duba watan da kamfani ya saba yin taronsa, a aika sunan tun da wuri, a karɓi kwafi mai hatimin shaidar karɓa.

Barista Nafi'u:
Bari in dawo kan wuraren da na ce babba ba ya iya wucewa shi kaɗai. Idan ciniki tsakanin kamfani ne da shi babban mai jarin ko wani kamfaninsa, ƙa'idar NGX ta ce mai ruwa da tsaki ba ya kaɗa ƙuri'a a kai. Ranar ƙananan ne ke da ɗakin.

PZ Cussons Nigeria misali ne na kusa. Uwar kamfanin da ke Ingila na riƙe da kusan kashi 73. A 2023 ta nemi saye hannayen jarin sauran jama'a, ta fara da naira 21 ta ƙara zuwa 23, a watan Maris 2024 SEC ta ƙi ba da amincewarta. Sai aka zo da wata hanya: a mayar da bashin dala miliyan 34 da ɗoriya da uwar kamfanin ke bi ya zama hannun jari, abin da zai kai rabonta kusan kashi 83. A taron Maris 2025 uwar kamfanin ba ta kaɗa ba, kuma ba a samu kashi 75 ɗin da ake buƙata ba. Magana ta tsaya.

A Flour Mills kuwa, a 2024 babban mai jari, Excelsior Shipping, ya taya hannayen jarin ƙananan naira 70. Kafin taron da kotu ta ba da umarnin yi, farashi ya koma naira 86. An amince, kamfanin ya fita daga kasuwa. Mai hannun jari dubu hamsin, naira 16 ɗin nan ta zame masa naira 800,000. Mai saye ba ya ƙara kuɗi sai ya san akwai lissafin da zai iya ƙin cika.

Alhaji Ɗanjuma:
Barista, a batun PZ ɗin, ai yawancin waɗanda suka halarta sun amince in kawuna za a ƙirga. 'Yan tsiraru masu jari mai kauri ne suka ƙi. Ka ga har a nan ɗin ma ba mai dubu goma ba ne ya yi aikin.

Barista Nafi'u:
Haka ne, kuma shi ya sa nake cewa ƙarami ya san su waye matsakaitan. Doka ta wajabta bayyana duk wanda ya kai kashi 5, sunayensu na cikin rahoton daraktoci, tare da jadawalin yadda jari ya rarrabu. Akwai kamfanonin fansho, waɗanda kuɗin ma'aikata da ke hannunsu ya haura naira tiriliyan 20, kodayake kaso kaɗan ne ke cikin hannayen jari. Akwai masu kula da asusun zuba jari. Su ne ke da nauyin da zai karkata sikeli, kuma suna da masu nazari. Wasiƙa mai hujja da lambar shafi daga ƙungiyar masu jari zuwa gare su, mako uku kafin taro, ta fi jawabi goma a makirufo.

Malam Isiyaku:
Kada a manta da hanyar kai ƙara ga hukuma, tana da ƙarfi kuma tana da tsada. A 2017 Alhaji Ɗahiru Mangal da kamfanin Ansbury suka kai koke gaban SEC kan yadda ake tafiyar da kamfanin mai na Oando. A watan Oktoba aka dakatar da cinikin hannayen jarin kamfanin, aka kuma ba da umarnin binciken ƙwaƙwaf. A Janairun 2018 Sarkin Kano Muhammadu Sanusi II ya shiga tsakani aka sasanta da Mangal, ya samu wakilci a hukumar daraktoci. A ƙarshen Mayun 2019 SEC ta fitar da hukunci kan shugabannin kamfanin, suka garzaya kotu, aka dakatar da taron shekarar. Ba a sake zama ba sai 2021, bayan an sasanta da SEC.

Abin lura shi ne, manya sun samu teburin sulhu. Ƙarami kuwa ya yi watanni farashin jarinsa a daskare, ya yi shekaru babu taron da zai yi tambaya. Duk mai shirin tayar da irin wannan ƙura ya sa wannan a lissafi.

Aminu Ɗalibi:
Iyayena, a gafarce ni. In masu jari suka ga wani darakta ba shi da amfani, dole sai sun jira wa'adinsa ya ƙare?

Barista Nafi'u:
A'a, Aminu. Hanya mafi sauƙi dai ita ce, a kowane taron shekara kashi ɗaya cikin uku na daraktoci suna sauka su nemi a sake zaɓensu. Rahoton shekara yana nuna zama nawa hukuma ta yi da nawa kowa ya halarta. Wanda ya zo biyu cikin shida, ga hujjarka.

In ba za a jira ba, ana cire darakta da ƙuduri na yau da kullum, amma sai an ba kamfani sanarwa ta musamman kwana 28 kafin taro. Kamfani zai aika masa kwafi, yana da haƙƙin ya rubuto martani a raba wa masu jari, ya kuma kare kansa a taron. In aka tsallake wannan, kotu na iya rushe cirewar.

Idan hukuma ta ƙi kiran taro, masu riƙe da kashi 10 na jarin da ke da ƙuri'a suna iya rubuta buƙata, su faɗi dalilin taron, su sa hannu, su ajiye a ofishin kamfani mai rajista. In kwana 21 suka wuce daraktoci ba su motsa ba, su da kansu za su kira taron cikin wata uku, kamfani ya biya su abin da suka kashe, ya cire daga kuɗin daraktocin da suka ƙi. In kuma ƙuduri kawai ake so a saka cikin ajandar taron shekara, kashi 5 ya isa, a kai shi mako shida kafin taro.

Ƙari ɗaya: a ranar taro, in ka ga ɗaga hannu zai ba da sakamakon da bai dace da nauyin jari ba, mutum uku kacal sun isa su nemi a ƙirga da yawan hannun jari.

Hajiya Turai:
A banki akwai mai iko sama da masu jari gaba ɗaya. A ƙarshen Afrilun 2021 hukumar daraktocin First Bank ta sauke manajan darakta, washegari Babban Bankin Najeriya, CBN, ya rushe hukumar bankin da ta uwar kamfaninsa FBN Holdings, ya mayar da manajan daraktan kujerarsa. Naɗin darakta a banki sai CBN ya amince, mallakar kashi 5 ma haka. A 2011 kuwa, da aka karɓe Afribank da Spring Bank da Bank PHB, masu hannun jari sun tashi a tutar babu. Mai jari a banki ya sa ido kan basussukan da aka ba daraktoci da kamfanoninsu tun da sauran lokaci, in ba haka ba sai ihu bayan hari.

Sai batun ƙarin jari da CBN ya umarta a Maris 2024, naira biliyan 500 ga bankuna masu reshe a ƙetare, biliyan 200 ga na ƙasa baki ɗaya. Idan banki, domin tara wannan kuɗi, ya yi wa masu jarinsa tayin sabon hannu ɗaya a kan kowane huɗu, mai 40,000 yana da haƙƙin 10,000. In bai saya ba, nauyin ƙuri'arsa ya ragu da kashi ɗaya cikin biyar. Haƙƙin nan ana sayar da shi a kasuwa ta hannun dillali kafin a rufe tayi. Da yawa suna barin sa ya mutu.

Malam Sabi'u:
Malama Hadiza, rahoton shekara yakan kai shafi ɗari biyu. Wanda ba akanta ba, ina zai fara? Kuma masu jari za su iya cewa ribar da aka ware ta yi kaɗan?

Malama Hadiza Akanta:
Ta biyun tukuna, Malam. Taro na iya rage abin da daraktoci suka ba da shawarar a raba, amma ba ya iya ƙarawa. Duk hayaniyar a ƙara kwabo ashirin a ranar taro ba ta da gurbi a doka. Wanda bai gamsu da tsarin rabon riba ba, daraktocin zai canza.

Karatun kuwa, a tsallake hotuna da jawabin shugaba. A fara da ra'ayin masu binciken kuɗi na waje: sun amince ba tare da togaciya ba, ko sun nuna shakka kan ɗorewar kamfanin? Sai bayanin ciniki da makusanta, yana can wajen ƙarshen bayanan kuɗi. Nan za a ga nawa aka biya uwar kamfani da sunan taimakon fasaha ko amfani da tambari, nawa aka sayo daga kamfanin ɗan'uwa, nawa ake bin su ba su biya ba. Kamfani na iya nuna riba kaɗan alhali an riga an kwashe ta wannan ƙofa. Shi ya sa ƙudurin nan da ke zuwa a ƙarshen ajanda, na ba da izinin gaba ɗaya ga ciniki da makusanta na tsawon shekara, ya fi yawancin na gabansa muhimmanci, kuma babba ba ya kaɗawa a kansa. Galibi lokacin mutane sun fara tattara jakunkuna.

Daga nan a kwatanta ribar da aka bayyana da kuɗin da ya shigo hannu daga harkar kamfani. Riba na hawa shekara uku, kuɗi ba ya shigowa, bashin da ake bin kwastomomi da kayan sito na kumbura, to a yi tambaya. Abin da ya bayyana a Cadbury Nigeria a 2006, na kumbura alƙaluma tsawon shekaru, darasi ne da ake koyar da ɗaliban akanta har yau.

Malam Isiyaku:
In akwai ƙorafi, a bi tsani. A rubuta wa sakataren kamfani ko rajistara, a riƙe kwafi. Ƙa'idar SEC ta ba su kwanakin aiki 10. In shiru, sai SEC, tare da kwafin wasiƙar farko. Akwai kuma kotu ta musamman kan harkokin zuba jari. Batun danniya ga marasa rinjaye kuwa Babbar Kotun Tarayya ake kaiwa. Wanda zai yi ƙarar daraktoci a madadin kamfani sai ya fara neman izinin kotu, kuma in an yi nasara, kuɗin asusun kamfani yake shiga, ba aljihunsa ba.

Hajiya Turai:
Miliyan 300 ɗin nan da Barista ya ce sun zauna a gida, wani kaso nasu ba lalaci ba ne, masu su sun rasu. A gidajenmu akwai satifiket tun na shekarun 1970, lokacin dokar mayar da kamfanoni hannun 'yan ƙasa, da na rububin bankuna na 2004 zuwa 2007, suna cikin adaka. An raba gida da gona a gaban alƙali, an bar takardun domin ba a san darajarsu ba. Wannan jari ba ya kaɗa ƙuri'a, ribarsa kuma in ta shekara shida ba a karɓa ba, dokar kuɗi ta 2020 ta ce a tura ta asusun amana na gwamnati, sai magada sun biyo sawu.

Rajistara zai nemi takardar shaidar rasuwa, da takardar izinin kula da dukiyar mamaci daga sashen gado na Babbar Kotun Jiha, da shaidar masu kula da gadon, da asusun banki da aka buɗe da sunan gadon. Wajen neman takardar kotun a lissafa kowane kamfani da sunansa, domin wanda aka manta sai an sake komawa. Bayan nan a buɗe asusun CSCS, wato ma'ajiyar hannayen jari ta lantarki, ta hannun dillali, a mayar da satifiket ɗin na lantarki, a cike fom ɗin biyan riba kai tsaye ta banki.

Alhaji Ɗanjuma:
To, ban sauka daga ra'ayina kan kamfanonin da mutum ɗaya ya haura 75 ba. Amma na kwamitin bincike da na ciniki da makusanta, na karɓa. Malam Sabi'u, a buɗe jadawali a zauren nan: sunan kamfani, watan da ya yi taro bara, rajistaransa, da yawan jarin da 'yan zaure ke da shi a ciki, kowa ya tura maka nasa ta gefe. Malama Hadiza, cikin akantocin da ke nan, wa ke da hannun jari da sunansa a rajista? Sai mai jari ake tsayarwa.

Malama Hadiza Akanta:
Zan tambaya yau in sha Allahu, Alhaji. Wanda za a tsayar ya haɗa tarihin aikinsa da kwafin takardar ƙungiyarsa, domin sakataren kamfani zai nema tare da wasiƙar. A fara da kamfanonin da suka saba taro a watan Yuli, na Mayu lokaci ya ƙure.